Daga Laleli Zuwa Tashar Otogar: Yadda Muka Kama Motar Bursa Ba Tare da Dillali Ba

Tun da muka dawo daga Turkiyya, kusan kullum sai wani ya leƙo shagonmu a Kwari da tambaya iri ɗaya: wai da gaske ni da Yayata mun tashi daga Santambul mun je Bursa ba dillali, ba tasi? Da gaske ne. Na gaji da zana taswira a bayan rasit, shi ya sa na ga gara in zauna in rubuta shi dalla-dalla, duk mai niyyar tafiya ya karanta abinsa. Mutanenmu da yawa sun daɗe suna zuwa sari unguwannin Laleli da Merter da Osmanbey a Santambul, sun san kowane shago da kowane ofishin kago, amma ba su taɓa saka ƙafa a jirgin ƙarƙashin ƙasa na garin ba. Tsoron ɓata ke sa su zube dala a kan abin da 'yar lira kaɗan za ta biya musu. Abin da na gani kuwa, shi jirgin ba shi da wata wahala. Duk rikicin yana wajen gano bakin shiga, da kuma sanin inda za ka dosa bayan ka fito.

Tun daga Kano aka fara ba mu kwatance. Muna cikin shiri, an gama da biza, na je Wapa na canzo dala, sai wani dattijo maƙwabcinmu a kasuwa ya kira ni gefe. Ya ce, "Yaro, idan kun sauka kada ka yarda a saka ku a tasi. Ka gangara ƙasan filin jirgin, akwai jirgin ƙasa mai jan layi, shi zai kawo ku har Aksaray." Na ce, "To Alhaji, na gode, Allah ya saka da alheri." Kwatancen nasa daidai ne a zamaninsa, sai dai rabonsa da garin tun kafin 2019. A watan Afrilun wannan shekarar aka kwashe jiragen fasinja daga tsohon filin jirgin Ataturk aka mayar da su sabon fili can arewa, wajen gaɓar Bahar Aswad, tafiyar fiye da kilomita 40 daga inda 'yan kasuwarmu ke sauka. Jan layin yana nan, har yanzu kuma an rubuta sunan Ataturk a goshin wasu jiragensa, amma ba zai kai ka inda za ka hau jirgin dawowa gida ba. Mun tashi daga filin jirgin Malam Aminu Kano muka bi ta Alƙahira, da muka sauka muka shiga motar safa ta filin jirgi da ake kira Havaist, ta ajiye mu a Aksaray, unguwar da ke maƙwabtaka da Laleli, muka ja akwatunanmu zuwa otal a Lalelin.

Yaya kayan jarirai da na ƙananan yara take sarowa, kuma ta jima tana jin cewa yawancin abin da take saya a Laleli daga Bursa ake kawo shi, daga wata unguwar 'yan sari da ake kira Vishne. Azumi na ƙaratowa, tana son ta je tushe ta ɗebo kayan Sallah. Dillalin da ta saba da shi ya ce ba matsala, zai samo mana mota da direba, a kai mu a dawo da mu. Da ya yanka kuɗin, da dala, sai Yaya ta dube ni ta ce, "Auta, su mutanen garin nan duk a haka suke zuwa Bursa?" Na ce, "Haba Yaya, ai suna da tasha." Ta ce, "To je ka nemo mana ita. In ka ɓata ka kira ni in yi maka addu'a." Yaya tana fama da gwiwa, ba na son in ja ta cikin sanyi ina lalube, don haka na yanke shawarar in je ni kaɗai da la'asar, ba kaya, in ga hanya in sayo tikiti, washegari mu tafi tare. Cikin duk abin da na yi a tafiyar nan, wannan shi ya fi yi mana amfani.

Na tambayi yaron da ke kan teburin otal, ya ce min kalma biyu: Esenler Otogar, wato babbar tashar motar garin. Ya rubuta min a waya, ya ce in hau metro, wato jirgin ƙarƙashin ƙasa, a Aksaray. Abu na farko shi ne kati. Sunansa Istanbulkart, da shi ake hawa jirgin ƙarƙashin ƙasa, da jirgin kan titi da suke kira tramvay, da bas ɗin cikin gari, har da jirgin ruwa. Ba a biyan kuɗi a hannu ko'ina. Akwai na'urorin sayar da shi a bakin kowace tasha, an rubuta Biletmatik a jikinsu, kuma ana iya juya allon zuwa Turanci. Ba ta karɓar dala, saboda haka sai ka fara canzo lira, ga 'yan canji nan birjik a Laleli. Ba ta kuma ba da canji. Idan ka tura mata takardar lira 200, wadda ita ce mafi girma a kuɗinsu, za ta cire kuɗin katin ta zuba maka ragowar a ciki. Takardar farko da na tura ta tofo min ita saboda ta yamutse a aljihu, na miƙe ta a cinya na sake turawa, ta sake tofowa, ga layi ya fara taruwa a bayana. Wata yarinya 'yar makaranta ta zaro sabuwa daga jakarta ta musanya min, ko kallona ba ta tsaya yi ba. In za ka ƙara kuɗi daga baya, ka ɗora katin a kan wurin da aka tanada, ka tura takarda, kada ka ɗauke shi sai allon ya nuna kuɗin ya shiga. Farashi yana yawan canzawa saboda lirar ba ta zama wuri ɗaya, amma lokacin da muka je shiga ɗaya bai kai dala ɗaya ba, kuma a wannan layin kuɗin ɗaya ne ko tasha ɗaya za ka ko goma.

Daga ƙofar otal ɗinmu jirgin kan titi ke wucewa, layin T1, sai na hau shi a tashar Laleli. Tasha ta gaba sunanta Aksaray, hankali kuma zai ba ka cewa nan za ka sauka tunda metro ɗin Aksaray kake nema. Ashe tashar tramvay ta Aksaray daban, ta metro daban, tsakaninsu akwai gadar sama da tituna masu faɗi da mutum zai yi ta kewayawa. Wadda ta fi kusa da bakin metro ita ce tasha ta gaba, Yusufpasha. A nan za ka sauka, ka nufi wajen tsohon masallacin Murat Pasha, ka bi ayarin mutane, za ka hango babban harafin M a kan sanda. Wani ɗan Senegal mai sayar da agogo a gefen titi ne ya nuna min, da Larabcinsa kaɗan da nawa kaɗan. Gaskiya ma mai lafiyar ƙafa ba ya bukatar tramvay ɗin, daga tsakiyar Laleli tafiyar minti goma zuwa sha biyar ce, kuma ka huta da biya sau biyu, don fita daga tramvay ka shiga metro sabon kuɗi ne.

A bakin shiga akwai masu gadi da na'urar binciken jaka. Ka ɗora katin a kan ƙofar ƙarfe, ta yi ƙara, ta nuna maka abin da ya rage, ka tura ka wuce. Wajen fita ba a sake ɗorawa. Da na gangara ƙasa na tarar da alluna masu sunaye uku: Yenikapi a gefe ɗaya, Ataturk Havalimani da Kirazli a ɗaya gefen. Su a can ba a rubuta gabas ko yamma, sunan tashar ƙarshe ake sakawa. Na tsaya ina ta kallon taswira don in gane wanne ne nawa cikin biyun, har jirgi biyu suka wuce ni. Daga baya na fahimci duk ɗaya ne. Layin M1 reshe biyu gare shi, M1A da M1B, amma a kan hanya ɗaya suke tafiya tun daga Yenikapi, ba sa rabuwa sai sun bar tashar da nake nema. In dai ba Yenikapi aka rubuta a goshinsa ba, hau abinka. Shi ne layin metro mafi tsufa a birnin, tun 1989 yake aiki, kuma da ganin taragunsa ka san sun ga jiya.

A cikin jirgin ne na ci karo da abin da ya fi rikita baƙi. An ce min Esenler Otogar, a taswirar da ke saman ƙofa kuma ga tasha mai suna Otogar, ga wata a gaba da ita mai suna Esenler. Na nuna wa wani tsoho da ke zaune kusa da ni rubutun da ke wayata. Ya gyara tabarau, ya sa babban yatsa ya rufe kalmar farko, ya ƙwanƙwasa ta biyu da farce, sannan ya ɗaga min yatsu shida. Tasha ta shida ke nan daga Aksaray: Emniyet-Fatih, Topkapi-Ulubatli, Bayrampasha-Maltepe, Sagmalcilar, Kocatepe, sai Otogar. Ka lura, harafin c a rubutunsu j ake karanta shi, don haka Kojatepe za ka ji an faɗa a lasifika, kana jin ta ka miƙe. Esenler unguwa ce ta mazauna, tana kan reshen Kirazli, wanda ya sauka a can sai ya dawo baya. Jirgin yana ƙarƙashin ƙasa har sai ya wuce tsohuwar ganuwar birnin, wadda Sarkin Musulmi Muhammadu Alfatih ya keta a 1453, daga nan ya fito fili. Topkapin nan kuma ba ita ce fadar da masu yawon buɗe ido ke zuwa ba, waccan tana can gabas bakin ruwa. Duka tafiyar ba ta kai minti ashirin ba. A tasi, a wannan lokacin na tashin ma'aikata, mutum sai ya shafe sa'a guda yana kallon mita tana ci.

Tashar jirgin a tsakiyar tashar motar take. Kana hawowa bene ka fito wani makeken fili, motoci a fake, ga dogayen gine-gine sun kewaye ka ta kowane ɓangare, kowace ƙofa da lambarta da allon kamfani a samanta. Ofisoshin sayar da tikiti 168 ne a wurin. An buɗe tashar a 1994 bayan an taso ta daga Topkapi, bayan yunƙurin juyin mulkin 2016 kuma aka sa mata suna 15 Temmuz Demokrasi, sai dai ban ji wanda ya kira ta da shi ba, kowa Otogar yake cewa. Wanda ya san New Road a Sabon Gari lokacin lodin yamma zai gane yanayin, sai dai a nan ba ka ganin motocin, suna bayan ginin, ta cikin ofishin kamfani ake ratsawa a fita inda suke. 'Yan kamasho kuwa ko'ina halinsu ɗaya. Ban yi taku goma ba suka yo kaina suna kiran garuruwa, Ankara, Izmir, Bursa, wani har ya kama hannun rigata. Kada ka bi su. Wanda zai ja ka, kamfanin da zai ba shi lada zai kai ka, ba wanda motarsa ta fi kyau ko ta fi kusa tashi ba. Na ɗaga hannu na ce yok, wato babu, na ci gaba da tafiya kamar na san inda za ni.

Na leƙa ofis uku ina tambayar farashi da lokacin tashi. Manyan kamfanonin da za ka fi gani su ne Kamil Koc, wanda asalinsa ma daga Bursa ya fito tun 1926, da Pamukkale, da wani mai suna Metro. Motar Bursa ba ta yankewa, kusan kowace sa'a akwai mai tashi. A inda na tsaya, magatakardan ya ce in ba shi fasfo, na kowane fasinja, don da sunan mutum da lambar fasfonsa ake yanka tikiti. Na taho da hoton na Yaya a waya, ya karɓa. Sai ya tambaye ni namiji ne ko mace. A tsarinsu ba a haɗa mace da namijin da ba nata ba a kujera ɗaya, a kan allon kwamfutarsa ma kujerun mata kalarsu daban. Tunda tare na saya mana, ya ba mu biyu a jere. Hajiyar da za ta yi tafiya ita kaɗai ta kwantar da hankalinta, ko dai a sa ta kusa da mace 'yar'uwarta, ko ta nemi kujerar gefe mai cin mutum ɗaya, don yawancin motocin biyu ne a dama ɗaya a hagu. Tikitin kowannenmu bai kai dala 20 ba. Abubuwa uku za ka duba a jikinsa kafin ka bar teburin: kwanan wata, lokaci, da lambar kujera. Lokacin da lissafin sa'a 24 suke rubuta shi, kuma agogonsu yana gaba da na Kano da sa'a biyu, ka tabbata wayarka ta juya. Na ɗauki hoton ƙofar ofishin da lambarta. Ana iya sayen tikiti ta manhajar Obilet, to amma katin bankinmu na naira ba abin dogaro ba ne a can. Mai saye ta waya ya kula, zai ga Istanbul Avrupa da Istanbul Anadolu. Na farkon shi ne ɓangaren Turai inda Laleli da Otogar suke, na biyun kuwa tsallaken ruwa ne, ɓangaren Asiya.

Washegari muka fito ƙarfe shida da 'yan mintuna, gari baƙi ƙirin. A tsakiyar hunturu rana ba ta fitowa a Santambul sai bayan ƙarfe takwas, mutum ya ga yara da jakar makaranta a cikin duhu. Metro yana fara aiki ƙarfe shida. Saboda gwiwar Yaya na canza shawara, maimakon Aksaray muka gangara Yenikapi, wadda ita ma ba ta da nisa daga Laleli, gangara ce kawai ta wajen teku. Amfaninta shi ne nan ne farkon layi, jirgi yana zuwa fanko, ka zaɓi kujera. Illarta kuma girma, don layi uku ne suka haɗu a wurin: namu mai ja, da M2 mai kore da ke zuwa wajen Taksim, da Marmaray da ke ratsa ƙarƙashin teku zuwa Asiya. Kowanne da ƙofar biyansa, in ka shiga wadda ba taka ba kuɗinka ya tafi. Ka bi jan launi da rubutun M1 kawai. Akwai lif ga mai ciwon ƙafa ko mai kaya, amma a gefe yake, sai an nema. Kati ɗaya ya ishe mu, na ɗora Yaya ta wuce, na sake ɗorawa na bi ta. Da ta ga matakalar da ke tafiya da kanta ta zurma can ƙasa sai ta tsaya cak, ta ce, "Auta, wannan ramin duk mu za mu shiga?" Na ce, "Yaya ki riƙe ni, ki tsaya ta dama." Ta yi bisimilla ta taka. Hagu ta masu sauri ce, in ka tsaya a nan za ka ji ana yi maka gyaran murya a ƙeya. Daga Yenikapi tasha bakwai ne, tana ta ƙirgawa da carbi.

Mun isa da sauran kusan minti arba'in, kuma haka ya kamata, don motocin nan ba sa jiran cika. Filin tsakiyar nan iska ce ke kaɗawa ta ko'ina, sanyin yana shiga har ƙashi, muka yi sauri muka shige ofishin da na ɗauki hotonsa. Ciki da ɗumi, da kujerun jira. Na sayo mana shayi a 'yan ƙananan kofunan gilashinsu da simit, wani zagayayyen burodi mai riɗi. Akwai masallaci a cikin tashar da wajen alwala, na je na dawo. Banɗaki na kuɗi ne, ka riƙe 'yan canji. Hawan ƙasa na tashar, inda gareji da ƙananan shaguna suke, duhu gare shi da lunguna, ban ga dalilin da zai kai baƙo can ba in ba dole. Saura minti goma sha biyar motar ta shigo bayan ofis, da sunan garin a gilashin gaba. Na nuna wa yaron mota tikiti, su muavin suke ce masa, ya karɓi jakarmu ya liƙa mata lamba ya ba ni rabin takardar. Ka adana ta, da ita za ka karɓi kayanka. Lokaci na cika direba ya ja, kujeru kusan rabi ba kowa.

Kada ka yi zaton da an bar Otogar an bar gari. Motar ta tsaya a wata ƙaramar tasha a Alibeykoy ta ɗebi mutane, sannan ta yi arewa sosai, har Yaya ta fara tambaya ko dai ba Bursa za mu ba. Dalili shi ne motarmu ta gada ta uku ta tsallaka ruwan Bosforus, gadar Yavuz Sultan Selim da aka buɗe a 2016, ita kuwa tana can bakin Bahar Aswad. A ɓangaren Asiya aka sake tsayawa aka cika. Muavin ya turo ɗan kekensa yana raba shayi da kofi da kek da ruwa, duk a cikin kuɗin tikiti. Daga nan sai gadar Osmangazi, ita ma ta 2016, wadda ta ratsa mashigin ruwan Izmit. Kafin a gina ta sai dai mota ta shiga jirgin ruwa ko ta kewaye ruwan gaba ɗaya. A wani shinge jami'an tsaro suka hau suka karɓi katin shaidar kowa, mu muka miƙa fasfo, suka duba biza suka dawo mana da shi. Don haka fasfo a jikinka zai kasance, ba a otal ba, ba kuma a jakar da ke ƙarƙashin mota ba. Mun shafe sa'a uku da wani abu.

Tashar Bursa ba ta da ruɗani, babban zaure ɗaya ne kowa na ciki. Tana wajen gari ta arewa, kuma Istanbulkart ba ya aiki a can, suna da nasu katin. Akwai jirgin kan titi da bas masu shiga gari, amma mu tasi muka ɗauka zuwa Vishne tunda ba nisa can ba ne. Kafin mu fita na sayi tikitin komawa. Cinikin da Yaya ta yi labari ne na wata rana, abin da zan ce kawai shi ne masu shagunan sun saba da baƙi, su da kansu suke tura kaya ofishin kagon da ka ba su a Laleli, ba sai ka ɗauko a ka ba. Mun samu mun yi sallah a Ulu Jami, babban masallacin nan mai ƙubba 20 da aka gama a 1399, muka ci naman iskandar a garin da aka ƙirƙiro shi.

Dawowar ce ta ɗan tayar min da hankali. Cunkoso ya riƙe mu a hanya, ba mu shigo Otogar ba sai sha ɗaya da rabi ta wuce, metro kuma sha biyun dare yake rufewa. Motar ba ta ajiye mu inda muka hau da safe ba, a hawan ƙasa ta sauke mu, wurin da ban taɓa takawa ba. Direbobin tasi suka taso, wanda na yi wa magana ya ƙi kunna mita, ya faɗi wani kuɗi da ya kusa tikitinmu na Bursa mu biyu. Na ce Yaya mu hau sama. Muna hawa na hango an rubuta METRO da manyan haruffa masu haske, na ja ta muka nufi can da sauri, ashe ofishin kamfanin motar nan ne mai wannan suna, kuma ba ɗaya ba ne, alluna da yawa gare su a tashar. Ma'aikacin da ke ciki da alama ya saba, tun kafin in gama magana ya nuna min tsakiyar fili. Alamar jirgi harafin M ne shi kaɗai, kuma kullum a tsakiya take, ba a jikin gine-ginen da ke kewaye ba. Katin ya nuna saura kuɗin mutum ɗaya, na tsaya ƙara masa hannuna na rawa, Yaya tana cewa, "Yi a hankali Auta, in ya tafi ma ai ba a daji muke ba." Muka samu jirgi mai rubutun Yenikapi, na kusa da na ƙarshe, muka sauka a Aksaray.

Ga wanda zai bi wannan hanya, ka je ka ga tashar da rana tun kafin ranar tafiya, ko da ka riga ka sayi tikiti a waya. Kuɗin zuwa da dawowa bai taka kara ya karya ba, kuma washegari ba za ka tsaya tambaya da kaya a hannu ba. Ka zuba wa kati kuɗin dawowa tun da safe. Kada ka shiga metro da manyan ƙullin sari, ƙofar ƙarfen ƙarama ce, lokacin tashin aiki kuma ko tsayuwa da ƙyar ake samu, akwati ɗaya kowane mutum shi ne daidai. Jakar kuɗi da fasfo su kasance ta gaba, musamman a tramvay tsakanin Laleli da Yusufpasha inda ake matsatsi. In kana tare da dattijo ko mai lalura, Yenikapi ta fi Aksaray. Ba na cewa a yar da dillalai, suna da ranarsu wajen ciniki da tafinta, amma kai mutum tashar mota ba ya cikin abin da ya kamata a biya su da dala. Mai son ruwa kuma, daga Yenikapi akwai jirgin ruwa mai zuwa gaɓar Bursa, sai dai in iska ta yi ƙarfi a hunturu akan soke tashinsa, motar kuwa tana tafiya.

Motar dawowa ka zaɓi wadda za ta shigo Santambul kafin goma na dare, ka bar wa cunkoso sa'a guda a lissafinka. Daren Juma'a da daren Asabar ne kawai layin ke kwana yana aiki, sauran ranakun in sha biyu ta yi sai tasi, kuma ka dage sai an kunna mita. Wanda kuma daga Bursa kai tsaye zai wuce gida, ba sai ya shiga gari ba, akwai motar Havaist da ke tashi daga cikin Otogar zuwa sabon filin jirgi. Na je na faɗa wa Alhaji maƙwabcinmu cewa jan layinsa ya daina kai mutane jirgi, ya ce in rubuta masa sunan motar a takarda, bayan Sallah zai aika ɗansa.